Turken Rediyo

Kaparal Hashimu ya danna makirfo zai yi magana, ƙarfen ya sake ɗana masa wuta a leɓe. Ya fizge kansa baya, ya ja tsaki, ya dubi fuskar rediyon. Jar fitilar nan ce dai take ƙyafta masa ido, alamar maganarsa ba ta fita ko nan da bakin ƙofa.

Maganar mutane kuwa tana shigo masa tar.

"Balbela, Balbela, nan Zabo. Kana ji na? Gare ka."

Sarjan Idrisa ne, shugaban 'yan sintirin da suka fita da sassafe suka nufi wajen Tenhiya. A bakin rediyo, Zabo sunan motarsu ne, Balbela kuma sunan wannan ɗan sansanin da aka dasa cikin rairayi tsakanin Tarka da Tenhiya. Tun hantsi Sarjan yake maimaita labari ɗaya. Motarsu ta lalace a wani kwari, soja Usman ya kwanta zai leƙa ƙarƙashinta, kububuwa ta sare shi a hannu. Rediyon da ke wurinsu ƙarami ne, na goyo a baya, iyakar ƙarfinsa ya iso nan. Aikin Hashimu ne ya karɓi maganar ya miƙa ta Tanut, a turo mota da allurar maciji. Abin da aka ajiye shi dominsa ke nan, ga shi yau ya zauna yana saurare kawai kamar mai jin wasan kwaikwayo.

"Balbela, kumburin ya wuce gwiwar hannu. In kana ji na, ko sau ɗaya ka danna mini. Gare ka."

Hashimu ya danna, ya sake dannawa. Sarjan ya yi shiru yana jira, sannan aka ji ya ce da wani a gefensa, "Babu kowa," ya saki maɓallin.

Babu abin da Hashimu bai duba ba. Batir cike yake, farantin hasken rana yana ta aikinsa. Ya hau rufin ɗaki ya bi wayar antan, mai kamo magana a iska, da ido har inda aka ɗaure ta a reshen gawo, lafiyarta ƙalau. Ya kwance kowane mahaɗi ya goge da tsohon buroshin haƙori, ya hura, ya mayar. Shi ba ya cikin masu aikin rediyon nan da suke dukan akwati da tafin hannu su jira ikon Allah. Da zanen matarsa yake lulluɓe rediyon nan saboda ƙura, kuma duk wanda ya taɓa ɗora kofin shayi a kan teburinsa bai sake ba.

Sai wata murya ta shigo da ƙarfi, ta Kaparal Raishatu, wadda ke riƙe da babban rediyo a Tanut.

"Balbela, nan Shaho. Lokacin rahoton rana ya wuce, ban ji ka ba. Gare ka." Ta ɗan dakata, ta ajiye harshen aiki. "Hashimu, in barci kake, Allah ya tashe ka lafiya."

"Wane irin barci!" in ji Hashimu da ƙarfi, yana yi wa wadda ba ta jin sa tsawa.

Zakari mai dafa abinci ya leƙo da ludayi a hannu. Dattijon soja ne, ya kusa ajiye kaki.

"Har yanzu?"

"Har yanzu."

"To a tura wani kan tudun can da salula ke samun rezo mana, ya buga waya."

"Da me, Baba Zakari? Da ƙafa? Kafin ya isa rana ta faɗi."

Gaskiya ya faɗa. Mota ɗaya ce ta rage a sansanin, ita ma Ajidan Mutari, shugaban wurin, ya tafi da ita kasuwar Belbeji sayayyar babbar Sallah. Zakari ya koma kan tukunyarsa.

Abin da ya fi ci wa Hashimu rai shi ne akwai hannunsa a fitar Usman sintirin nan, kuma duk a kan turke ne.

Rediyo irin wannan ƙafa biyu gare shi. Ɗaya ita ce wayar da ke sama, ɗayar kuma wani dogon turken ƙarfe ne da aka kafa a bayan ɗaki, aka haɗa shi da akwatin da wayar tagulla. Turken yana son ƙasa mai danshi da ɗan gishiri. In bai samu ba, ƙarfin maganar ya rasa abin takawa, sai ya dawo ya ciji mai magana. To a Damargu, a tsakiyar bazara, ina za a samu danshi? Farkon zuwansa Hashimu ya roƙi Ajidan a riƙa ware wa turken ruwa ko rabin bido ne, wato jarka. Ajidan ya yi dariya har da riƙe ciki.

"Kaparal, ruwa na mai rai ne. Motar ruwa sai ta ga dama take zuwa. Ka taɓa jin ƙarfe ya mutu da ƙishirwa?"

Tun daga nan Hashimu ya koma zuba wa turken ragowar butarsa da ruwan ɗaurayar kofin shayi. Rediyo ya ci gaba da aiki yana ɗingishi.

Ana nan sai Ajidan ya sayo ragon layya, wani farin balami mai ƙaton wuya, ya damƙa kiwonsa a hannun Usman. Rairayin wurin ba ya riƙe turken itace. Duk wanda aka kafa, ragon ya tumɓuke shi ya nufi buhun shinkafa. Usman ya duba nan ya duba can, ya hango ƙarfe tsaye daram a inuwar bango, ya je ya ɗaure igiyarsa a jiki. Shi ɗan makiyaya ne, a wurinsa duk abin da ya tsaya a ƙasa ya ƙi motsi, turke ne.

Hashimu ya kusa haukacewa. Ba sau ɗaya ba ragon ya tauna wayar tagulla, shi kuma ya durƙusa cikin kashin rago yana ƙullawa yana zagi. Ya yi wa Usman magana, abokinsa da suke shan shayi tare tun suna sababbin shiga, Usman ya ce shi umarni aka ba shi kada rago ya kwance. Ya yi wa Ajidan magana, Ajidan ya ce ai ga rediyon nan yana aiki fiye da da. Haka ne kuwa, makonnin nan muryar Balbela tana isa Tanut garau, Hashimu kuma ya ɗauka gogewa da gyaran da yake yi ne suka biya. Don haka da Laftanan da ke saman Ajidan ya zo rangadi makon jiya, sai Hashimu ya tsallake Ajidan ya kai ƙara a gaban kowa. Laftanan ya ce a ɗauke rago nan take. Aka mayar da shi bayan ɗakin girki, aka ɗaure shi a jikin tsohuwar taya.

Ajidan ba zai taɓa Hashimu ba, don babu wani mai rediyo sai shi. Sai ya huce a kan Usman. Ya karɓe ragon ya ba Zakari, ya ce tun da Usman bai iya ɗaure dabba ba, kowane sintiri da shi za a fita. Daga ranar Usman bai sake zuwa shan shayi ba.

"Balbela, nan Zabo." Muryar Sarjan ta dishe. "Jini ya fara fita daga dasashinsa. Ba mu san ko akwai mai jin mu ba. Gare ka."

Hashimu ya tashi ya fita, don in ya ƙara zama zai fasa wani abu. Ya zagaya bayan ɗaki. Ya riga ya duba turken tun da safe, waya lafiya, ƙusa a ɗaure tamau, babu haƙorin rago ko ɗaya a jiki. Ya durƙusa ya sake jijjiga ta don haushi. Rairayin ya ƙona masa gwiwa ta cikin wando.

Nan ya tsaya cik. Duk ranar da ya durƙusa a wurin nan yana ƙulla waya, da gwiwa a jiƙe yake tashi, yana ƙyamar warin wandonsa. Ya cusa hannu cikin ƙasar gindin turken, ya tona har wuyan hannu. Busasshiya ce kamar gari. Sai wani farin ɓawo da ya ɓare a yatsunsa, mai warin kanwa da fitsari.

Safe da yamma Usman yake kawo wa ragon daro cike da ruwan dusa da kanwa. Ragon ya sha, ya ture sauran da ƙaho, ya juya ya yi fitsarinsa a wurin. Ruwan da aka hana rediyo, rago ne yake ta ba shi, har da gishirinsa. Shi kuwa Hashimu, mai takardar shaidar aikin rediyo, ya tsaya gaban Laftanan ya yi rantsuwa dabbar nan za ta kashe masa na'ura. Kunya da haushin kansa suka kama shi, amma babu lokacin ko ɗaya daga cikinsu.

Ya ruga ɗakin girki. Tanonin ruwa, manyan gangunan nan, suna kulle cikin magaza, ɗakin ajiya, makulli kuma yana aljihun Ajidan a Belbeji. Bido biyu kawai ya bari a waje, na girki da na rago.

"Baba Zakari, miƙo bidon ragon nan."

"Kai! Na Ajidan ne fa. Da bakinsa ya ce in ya dawo ya tarar cikin ragon nan ya faɗa, sai ya kulle ni a kasho."

"Usman jini yake tofarwa."

Zakari ya dube shi, ya dubi bidon. Bai tambayi abin da ya haɗa jinin Usman da ruwan rago ba. Ya sunkuya ya ɗauko, ya ce, "Sai me kuma?"

"Kanwa. Da duk gishirin da kake da shi."

Hashimu ya haƙa rami da shebur kewaye da turken, ya dama kanwa da gishiri a daron ragon, ya tuttula. Rairayin ya shanye nan take, ya bar ɗan duhu-duhu kawai kamar an yi abin wasa. Ya ƙara, ya ƙara, har bidon ya ƙare. Ya shiga da gudu ya danna makirfo. Fitilar ta yi kamar za ta sauya, ta koma ja.

Ya fito yana haki. "Na girkin."

"Rabi ne ya rage. Shinkafa ko tafasa ba ta yi ba."

"A ci ta ɗanya."

Suka juye shi. Suka jiƙa tsohon buhu suka cusa cikin ramin don kada rana ta kwashe. Ya sake shiga, ya sake dannawa. Wannan karon ƙarfen bai cije shi ba, amma jar fitilar tana nan. Ya kira Shaho har muryarsa ta fashe. Can ya ji Raishatu tana cewa da wani, "Kamar akwai mai motsi a layin, amma ban ji komai ba." Ya kifa goshinsa a kan tebur. Saura ƙiris, kuma babu sauran ɗigon ruwa a hannunsa.

Daga waje ya ji ƙarar butoci. Azahar ta yi, 'yan sojojin da suka rage a sansanin sun fito da rabon ruwansu na yini za su yi alwala a gindin gawo. Hashimu ya fito ya tare su.

"Don Allah duk mai alwala ya zo ya yi ta bayan ɗakina, a kan ramin nan."

Suka bi shi suna kallon juna. Da suka isa, wani dogo a cikinsu ya toshe hanci.

"Haba Kaparal, a kan fitsari? Wannan alwala ce ko neman zunubi?"

"Fitsarin dabbar da ake cin namanta ba najasa ba ne," in ji Zakari daga baya. "Ka tambayi duk malamin da ka ga dama. Tsuguna, ɗan'uwanka ne can kwance."

Suka tsuguna suka kewaye turken, kafaɗa da kafaɗa, kowa yana wanke hannu da fuska, ruwan yana gangarawa cikin ramin. Wanda ya gama sai ya karkata butarsa ya tsiyaye sauran ba tare da an ce masa ba. Mai gadi ya sauko daga kan rufi, ya kwance gorar da ke ƙugunsa, ya kai baki kamar zai kurɓa, ya fasa, ya juye ta duka. Hashimu bai yi alwalar ba ma, butar ya kifa gaba ɗaya, ya ce shi taimama ta ishe shi.

Ya shiga ɗaki a hankali wannan karon, don tsoro yake ji. Ya danna. Akwatin ya yi 'yar ƙararsa ta daidaita waya, fitilar ta koma kore.

"Shaho, Shaho, nan Balbela. Gare ki."

"A'a! Ka tashi ke nan?"

"Raishatu, bar wasa. Ɗauki saƙo."

Ta ji muryarsa, ta bar wasan. Ya ba ta wurin da motar take, da sunan wanda aka sara, da irin macijin, da jinin da ke fita. Ta maimaita masa kalma bayan kalma, ta ce ya jira. Ya ji ƙarar kujera ta faɗi a can wajenta. Ba a jima ba ta dawo ta ce mota ta tashi da likita da allura.

Ya juya kan 'yan sintiri. "Zabo, nan Balbela. Ina jin ka tun safe. Mota ta taso daga Tanut. Gare ka."

Sannan Sarjan ya ce, "Alhamdu lillahi." Ya ja numfashi. "Hashimu, ina ka shiga tun safe?"

Hashimu ya buɗe baki. Ta ina zai fara? Duk mai rediyo daga nan har Tanut yana sauraren layin nan.

"Matsalar turke ce, Shef. Gare ka."

Yinin nan bai tashi daga kujera ba. Motar likita ta ɓata hanya cikin tuddai, shi ne tsakaninta da Sarjan, yana karɓar kwatance yana miƙawa: a bar rijiya a hannun dama, a bi sawun raƙuma, a nemi bishiyar aduwa da ta karye. Rana kuma tana ta shan ramin. Duk bayan ɗan lokaci muryarsa ta fara nutsewa, sai Zakari ya je ya matse wani abu a kai, ruwan wankin shinkafa, ragowar shayin safe, har ruwan da ya tsame daga tukunya. Babu wanda ya ci abin kirki, babu wanda ya sha. A bayan ɗakin girki ragon Ajidan yana ta kuka ba ƙaƙƙautawa, don shi ma tun safe ko ɗigo bai gani ba.

Rana ta yi ja kafin Sarjan ya kira.

"Balbela, sun iso. An yi masa allura. Likita ya ce rai kam in sha Allahu ya tsira." Ya yi jim. "Hannun ne bai ba da tabbaci ba. Ya ce an daɗe. Sai an je Tanut an gani."

Hashimu ya dubi nasa hannun a kan makirfo, da farin kanwa a ƙarƙashin farce.

"Yana son magana da kai. Ga shi."

Aka yi ta kokawa da makirfo, sannan wata siririyar murya ta fito.

"Hashimu."

"Ina jin ka, Usman. Ina jin ka." Akwai magana cike da bakinsa, tun ta ranar Laftanan, amma ya riƙe maɓallin ya kasa fitar da ko ɗaya. Ya saki.

"Ragon nan nake ji yana kuka a bayanka?" in ji Usman. "Ba ku ba shi ruwa ba ne? Ka ce da Baba Zakari ya riƙa sa masa kanwa, mantawa yake yi."

"Za a ba shi," in ji Hashimu. "Usman, ka ji..."

Fitilar ta koma ja.

Daga baya Hashimu ya tashi, ya nemo guntun tsohon tiyo, ya kwance wayar tagulla ya zura ta ciki yadda haƙori ba zai same ta ba, ya mayar ya ɗaure. Ya zagaya bayan ɗakin girki ya kwance ragon daga jikin taya. Ragon ya san hanya, shi ne ma yake jan Hashimu. Ya ɗaure igiyar a jikin turken da irin ƙullin da ya sha kwancewa yana zagin Usman.

Ana shirin kiran magariba motar Ajidan ta shigo, cike da buhuna da kayan miya. Zakari ya tare shi ya ba shi labarin Usman. Ajidan ya cire hula ya zauna a bakin mota. Mutum ne mai taurin kai, amma ba dutse ba ne. Da ya tashi sai idonsa ya faɗa kan bidon nan biyu a kife, sannan ya hango ragonsa a bayan ɗakin rediyo.

"Wa ya maido shi nan? Ba Laftanan ya ce a ɗauke shi ba?"

"Ni ne, Shef."

"Kai?" Ajidan ya dube shi sama da ƙasa. "Kai da ka tsinka ni gaban mutane a kansa?"

"Shef, turken ne ya bushe. Shi ya sa tun safe maganata ba ta fita. In da za a riƙa ware masa ko da..."

Ajidan ya ɗaga hannu. "Kada ka dawo mini da zancen shayar da ƙarfe, Kaparal. Yau ba ranar wannan ba ce." Ya matsa kusa da ragon, ya shafa cikinsa da ya faɗa, ya girgiza kai. Ya zaro makulli daga aljihu ya jefa wa Hashimu. "Je ka cika masa daro. Dubi yadda kuka bar bawan Allah."

Hashimu ya cika daron har baki, ya watsa kanwa da hannu biyu. Ya kawo ya ajiye dab da turken, a ɗan karkace. Ragon ya kafa kai ya sha, ya sha, sannan ya sa ƙaho ya ture sauran kamar yadda ya saba. Ruwan ya gangara cikin ramin. Ta taga Hashimu ya miƙa hannu ya danna makirfo, ya ga koriyar fitila ta kama.

Ajidan ya daddaɓa wuyan ragon. "Sha abinka," in ji shi. "Jibi war haka kana cikin tukunya." Ya sa hularsa ya nufi wurin salla.

Hashimu ya tsaya da daro a hannu yana kallon ragon. Ya san Sallah jibi ce, kowa ya sani, amma sai yanzu ya haɗa ta da turkensa. Bayan Sallah kuma sintiri ba zai tsaya ba, damina kuwa ko alamarta babu.

Ya juya wajen Zakari.

"Baba Zakari, matan ƙauyen can na bakin rijiya, suna ba da akuya kiwo?"

"Suna bayarwa mana. Wa zai karɓa? Kai da ba ka son ganin dabba?"

"Ka yi mini magana da su gobe. Wadda ta fi kowace shan ruwa nake so."

Zakari ya buɗe baki zai yi dariya, ya ga fuskar Hashimu, ya fasa.